Tsofaffin Gidajenmu Da Abin Da Ba Ya Shiga Rabon Gado

Duk wanda ya taɓa zama wurin rabon gadon tsohon gida a cikin birnin Kano, ko Zariya, ko Katsina, ya san yadda lissafin yake tafiya. Za a auna fili, a kira dillalai su yi masa kuɗi, a fitar da bashi da wasiyya, a cire tumunin matan mamaci, sannan a raba saura, namiji ya ɗauki rabon mata biyu. Ginin da ke kan filin sau da yawa ko sisi ba ya samu a ƙiyasin, domin mai saye rushewa zai yi, wani ma har ragi yake nema saboda kuɗin kwashe ƙasa. Kayan ciki kuwa, in ba zinariya ba ce ko keken ɗinkin da ke aiki, tarkace ake kiran su. Shari'a ta yi aikinta, kowa ya karɓi haƙƙinsa, ba a zalunci kowa ba. Sai dai gidan yana ɗauke da wani abu da bai shiga takarda ba, kuma shi ne yake fara salwanta tun kafin a kawo diga da shebur.

Mutane suna son cewa tsohon gida yana tuna waɗanda suka zauna a cikinsa. Maganar tana da daɗin ji, amma ni ban karɓe ta yadda take ba. Bango ba ya tuna komai. Abin da yake yi shi ne riƙe alama, alama kuwa sai da mai karanta ta. Tambayar da ta kamace mu ita ce: waɗanne alamomi ne gidan Bahaushe yake riƙewa, wa ya iya karanta su, kuma me ya sa suke ɓacewa da sauri haka?

A fara da jikin ginin. Gidan ƙasa ba daga nesa aka sayo shi ba. Ƙasar tubalinsa daga bayan unguwa aka haƙo ta, don haka kududdufan da ke cikin tsohon birnin Kano, waɗanda yanzu ake cikewa da shara ana yanka filaye a kansu, su ne ramukan da gidajen suka fito. Azara daga gangar giginya ake tsago ta, saboda gara ba ta cin ta da sauƙi. Makubar da ake shafe bango da ita daga kwasfar ɗorawa take. Laso kuma, wanda ake dalaye rufin soro da shi don kada ruwa ya ratsa, haɗi ne na katsin da ake kwasowa daga gindin rijiyar rini, da gashin da majema suka kankare daga fata, da ruwan dafara. Rufin soro guda ya isa ya shaida maka cewa garin yana da marina, yana da majema, kuma sana'o'in suna cin moriyar sharar juna. Da rini ya ja baya katsi ya yi wuya, laso ya bi sahu, ruwa ya sami hanya.

In ka shiga ɗaki, ɗaga kai. Azara ba ta jure nauyin ƙasa in faɗin ya wuce kamu huɗu, wajen mita 2. Talaka a nan yake tsayawa, shi ya sa ɗakinsa yake siriri. Mai hali da ke son soro mai faɗi sai ya nemo gwanin da zai tayar masa da bakan gizo, ko ya yi masa ɗaurin guga, a jera azara bisa azara har a rufe sarari babba ba tare da ginshiƙi a tsakiya ba. Ƙarshen wannan gwaninta shi ne tsohon masallacin Juma'a na Zariya, wanda Babban Gwani Malam Mika'ilu ya gina a zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu, wanda ya yi sarauta daga 1834 zuwa 1846. Amma ba sai an je masallaci ba. A gidan da jikoki suke ta fama da abin sawa a baki, rufin zaure yana iya gaya maka cewa kakansu ya taɓa biyan magina na ƙwarai.

Fuskar gida ma tana da shekara. Bayan jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, kuɗin gyaɗa suka shiga hannun fatake da dillalai, sai zanen bango ya fito daga cikin ɗaki ya hau fuskar zaure. A Zariya musamman, kusa da dagi da takobi sai ga hoton keke, da agogo, da mota, har da jirgin sama. Mai gidan yana sanar da duk mai wucewa abin da ya mallaka ko abin da yake buri. Daga baya kwano ya hau kan soro, siminti ya hau kan yaɓe. Wannan na ƙarshen illa ya yi, domin siminti yana kulle danshi a cikin bangon ƙasa, ya riƙa cin sa ta ciki har ranar da zai ɓallo gaba ɗaya. Duk da haka shi ma shaida ne: a nan ne kuɗin albashi na farko ya shigo gidan.

Tsarin gidan ya fi duk wannan magana. Gidan gado ba a zana shi a takarda aka gina rana guda ba, girma yake yi tare da iyali. Daga zaure a shiga farfajiya, a wuce shigifa, a faɗa tsakar gida. Turaka a gefe, ɗakunan mata a jere, madafi da rijiya da rumbu. Ɗa ya yi aure, a yanka masa sashe. An ƙaro amarya, a tayar da ɗaki. Wa da ƙane sun ɓata, a ja katanga a tsakiya, kowa ya fasa tasa ƙofar. Friedrich Schwerdtfeger, wanda ya auna gidajen birnin Zariya ya fitar da littafinsa a 1982, ya nuna yadda ɗakuna suke tashi suna faɗuwa gwargwadon haihuwa da aure da mutuwa. Ƙasar ɗakin da ya rushe ba a zubar da ita, sake kwaɓa ta ake yi a yi sabon tubali. Saboda haka ƙofar da aka toshe, ko tudun da ke tsakar gida ba dalili, ko kwanar da ake zagayawa alhali hanya a miƙe take, kowanne yana da mafari. Wata tsohuwa a gidan ta san shi. Ita ce za ta nuna maka inda aka binne cibiyar babanka, da murhun da aka dafa ruwan wankan jegon da aka yi na haihuwarka, ta gaya maka wace ce ta shuka lallen da ke bayan ɗaki. Ranar da ta rasu, tudu ya koma tudu kawai.

A nan nake son in daɗe, domin mafi yawan tarihin gidan Bahaushe a ɗakin mata yake, kuma shi ne muka fi rainawa. Jeren amarya kundi ne mai shekaru. Na farko ƙore ne, masu zane da marasa zane, da akushi da faifai. Sai tasa da kumbo na tagulla, irin waɗanda maƙeran Bida suka yi suna da su. Sai zamanin kwanonin fenti, langa da fanteka da kwalla, waɗanda aka riƙa shigowa da su daga Turai da Hong Kong kafin a fara yin su a masana'antun Najeriya. Sai tangaran da kabet mai gilashi, gado mai rumfa ya kori gadon kara. Wadda ta san abin, in ta leƙa ɗakin tsohuwa, za ta iya cewa auren nan kafin 'yancin kai aka yi shi ko bayansa. Kuma jere ba ado ne kawai ba, ajiya ce. Uwa tana tara shi tun 'yarta tana talla, da ribar ƙuli-ƙuli da kaɗi da adashi. In fari ya zo, ko ciwo, ko aure ya mutu, cikinsa ake cira a sayar. Giɓin da ke cikin jere yana da labari kamar yadda cikarsa take da shi. Ko ɗigon fentin da ake yi a gindin kwano don kada ya ɓata a gidan biki, sa hannu ne na macen da ba ta taɓa riƙe alƙalami ba.

Yau ina kayan nan suke tafiya? Tagulla da tsohon ƙarfe 'yan gwangwan ne suke ɗora su a sikeli su biya da kilo. Turmin da ya tsage ya zama makamashi. Dutsen niƙa, wanda hannun mata uku ko huɗu ya rarake masa ciki, a bakin kwata yake ƙarewa ana taka shi a tsallake. Mazari da abin shiɓa ko sunansu yara ba su sani ba. Mun san darajar irin wannan ilimi, domin littafin Baba ta Karo, wanda Mary Smith ta rubuta daga bakin wata tsohuwa Bahaushiya a ƙasar Zazzau tsakanin 1949 da 1950, ya fito a 1954, har yau jami'o'in duniya suna karanta shi. Ba sarauniya ba ce, ba malama ba ce, abin da ta gani a tsakar gida ta faɗa. Kowane lungu yana da irinta, sai dai ita ta sami wadda ta zauna ta saurare ta.

Ɗayan ma'ajin shi ne adakar malam. Tsofaffin littattafanmu ba ɗinkakku ba ne, warƙoƙi ne a sake, a haɗa su a ɗaure cikin gafaka. In ka ɗaga warƙa ka haska ta da rana, sau da yawa za ka ga tambarin jinjirin wata uku a jikin takardar, alamar cewa a Italiya aka yi ta, ta ƙetaro hamada a bayan raƙumi. A ƙarshen littafi marubuci yakan sa sunansa da na mahaifinsa da na malaminsa. A gefen shafi kuma, ko a wata 'yar takarda da aka soke a ciki, a nan ake samun abin da babu shi a tarihin sarakuna: ranar da aka haifi wane, bashin goro da ake bin wane, maganin da aka gwada a shekarar annoba, wasiƙa da ajami daga ɗan'uwan da ya tafi Makka a ƙasa ya tsaya a Sudan bai dawo ba. Hanyoyin da wannan dukiya take salwanta suna da ban takaici, domin galibi da kyakkyawar niyya ake yi. Magada suna son adalci, sai a raba littattafan tuli-tuli, farkon littafi ya tafi wani gida, ƙarshensa ya tafi wani. Ko kuma a ga takardun sun tsufa, ana tsoron kada a taka sunan Allah, sai a ƙona su ko a binne. Wanda ya yi hakan ladabi ya nufa, amma bai karanta gefen shafin ba. Alhali akwai wuraren da suka san kan aikin: Gidan Arewa da Ma'ajiyar Tarihi ta Ƙasa a Kaduna, Cibiyar Tarihi ta Waziri Junaidu a Sakkwato, da sashen rubuce-rubucen Larabci da ajami na Jami'ar Abdou Moumouni a Yamai.

Ba za a ce ba mu adana komai ba. Gidan Makama a Kano, wanda ake danganta shi da Sarki Muhammadu Rumfa na ƙarni na 15, ya zama gidan tarihi, har da ƙyauren tsofaffin ƙofofin gari a ciki. Gidan Ɗan Hausa yana nan, inda Hanns Vischer ya zauna lokacin da ya buɗe makarantar boko a Nasarawa a 1909. Ginin ƙasa na Kwalejin Katsina, inda Ahmadu Bello da Abubakar Tafawa Ɓalewa suka yi karatu, yana tsaye. Gidan Arewa shi ne gidan da aka kashe Sardauna ranar 15 ga Janairun 1966. Gidan Mambayya a Gwammaja, inda Malam Aminu Kano ya zauna kuma aka binne shi a 1983, yana hannun Jami'ar Bayero, kuma wanda ya ga ƙanƙantar ɗakin Malam ya fahimci siyasarsa fiye da wanda ya karanta takarda a kanta. Waɗannan duk abin godiya ne. Amma a dubi jerin da kyau: sarki, Bature, firimiya, shugaban jam'iyya. A Agadas har ɗakin da Heinrich Barth ya sauka na 'yan makonni a 1850 ana nuna wa baƙi. Ina gidan marini? Ina na mahauci, ko na ungozoma, ko na madugun da ya yi fataucin goro zuwa Gwanja? Unguwanni sun riƙe sunayen mutanensu, Tudun Nufawa, Ayagi, Agadasawa, Zangon Barebari, Dandalin Turawa, amma gidajen da za su fassara sunayen suna komawa shaguna ɗaya bayan ɗaya.

Wajibi ne kuma a faɗi cewa ba duk abin da gida ya riƙe ne mai daɗi ba, kuma wani shirun da gangan ake yin sa. Manyan gidaje da yawa bayi ne suka kwaɓa ƙasarsu, suka haƙa rijiyarsu. Sai a 1936 doka ta kammala soke bauta a Arewacin Najeriya, wato akwai masu rai yau da kakanninsu suka ga abin da idonsu. Akwai ɗakin da kowa ya san na ƙwarƙwara ne amma ba a faɗa gaban jikokinta. Akwai sashen da mutanensa suke amsa sunan gidan alhali ba su cikin magada. Binciken Heidi Nast a Gidan Rumfa, wanda ya fito a 2005, ya nuna cewa ƙwarƙwarorin fada sun riƙe ragamar hatsin da ake tarawa, suna kuma da hannu a rini, kuma tsarin ginin da bakin tsofaffin matan fadar ne suka fito da wannan, ba kundin sarakuna ba. Tarihin gida in an cire waɗannan mutane ya zama kirari.

Akwai masu ƙyamar adana kayan mamaci saboda addini, kuma damuwarsu tana da tushe a tarihinmu. Kundin tarihin Kano ya kawo labarin Dirki, Alƙur'anin da aka naɗe da fatu har mutane suka manta abin da ke ciki suka koma yi masa yanka, sai Sarki Alwali, na ƙarshe kafin jihadi, ya sa aka fasa shi. Abu yana iya tashi daga abin tunawa ya zama abin dogaro, wannan gaskiya ne. Amma maganinsa sani ne. Dirki ya zama abin tsoro ne saboda an daina buɗe shi. Wanda ya ajiye allon kakansa ya rubuta wane ne mai shi, a wace tsangaya ya yi karatu, wa ya karantar, bai nemi tsari da katako ba. Isnadi ya ajiye, kuma malaman Musulunci sun riga kowa kula da wa ya karɓa daga wa.

Me yake kashe gidajen? Ruwan sama ake ɗora wa laifi, amma ruwa yana sauka a kansu shekara ɗari biyu bai ci su ba. Ginin ƙasa yana rayuwa ne da yaɓe: kafin damina a hau soro a toshe tsaga, a gyara indararo, a ɗaga zankon da ya zaizaye. Muddin akwai maigida ɗaya da ke ba da umarni, da samarin da za su kwaɓa ƙasa, gida yana nan. Da ya rasu, gidan ya zama na mutum talatin, sai a koma ga abin da Hausawa suka daɗe da faɗa, a bari ya huce shi ke kawo rabon wani. Kowa yana jiran ɗan'uwansa ya fara, masu hali sun tashi sun koma sababbin unguwanni, an bar gwauraye da tsofaffi da 'yan haya. 'Ya'yan magina sun koma aikin bulo, inda kuɗi yake. Sannan ga kunya: a idon matasa da yawa gidan ƙasa talauci ne, har neman aure yana hanawa. Ga kuma farashin fili a kusa da Kurmi ko Kantin Kwari, wanda ba wani zance na tarihi da zai tsaya a gabansa. A mazhabar Malikiyya, abin da ba ya rabuwa in ɗaya daga masu shi ya nemi a sayar, sayarwa ake yi. Hukuma ma ba ta nuna misali mai kyau ba. A 2010 aka rushe tsohuwar Ƙofar Na'isa don faɗaɗa titi.

Ba na zargin magada. Gidan da aka daina yi wa yaɓe tarko ne, kuma kowace damina muna jin labarin bangon da ya danne yara suna barci. Bazawarar da ke jiran tumuninta don ta ciyar da marayu ba za a ce ta haƙura saboda bakan gizo ba. Masu kukan tarihi daga cikin gidajen siminti masu na'urar sanyaya ɗaki su riƙa tuna wannan. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a ce zaɓi biyu ne kawai, ko a zauna a kango ko a share komai. Agadas ta shiga jerin wuraren tarihi na UNESCO a 2013, da hasumiyarta ta ƙasa mai tsawon mita 27, kuma mutane suna zaune a tsohon garin suna yaɓe suna ci gaba da rayuwa. Shari'ar da ta ba da damar sayarwa ita ce kuma ta ba abokin tarayya haƙƙin shufu'a, ya riga bare sayen rabon ɗan'uwansa. Ita ce ta buɗe ƙofar waƙafi, wanda da shi mai hali a cikin dangi zai iya sayen zaure ko soro guda ya tsayar da shi makarantar allo ko ɗakin karatu. Attajiranmu suna gina masallatai a unguwannin da masallaci yake kallon masallaci. Da ɗaya cikin goma zai ɗauki nauyin gwanin magini da almajirai biyar, da sana'ar ba ta mutu ba.

Ko da gidan ba zai tsira ba, labarinsa yana iya tsira, kuma wannan ba ya buƙatar gwamnati. Wayar da ke aljihunka tana ɗaukar hoto da murya. Kafin a kira dillali, ka zaga gidan ɗaki-ɗaki tare da wadda ta fi kowa daɗewa a cikinsa, Hajiya ce, Goggo ce ko Inna, ka bar ta ta yi magana, kada ka gyara mata. Ka tambaye ta wa ya zauna a nan, wa ya rasu a can, wannan kwallar daga jeren wa ta fito. Ka ɗauki hoton rufi da zane da rijiya. Ka roƙi 'yan'uwa kada a raba littattafai warƙa-warƙa, a yi musu kuɗi a bar su wuri ɗaya, a kira wanda ya iya karanta ajami ya duba su kafin a yanke abin da za a yi da su. In akwai irin wannan tsohuwa a gidanku, ka je mata a makon nan, kada ka jira hutun salla.